Raket Mai Naɗin Hagu

Zuwa ga Kabtin,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa irin ta ɗaliba ga malamarta, a nan ne aka saba rubuta fatan kina cikin ƙoshin lafiya. Wannan layin ya riga ya wuce mu. Yau kwana ashirin da ɗaya ke nan da 'yar ƙanwarki ta aiko da saƙon murya daga ƙasar Sin, da Larabcin makaranta mai cika kowane wasali, ta ce an yi miki sutura bayan Azahar. Don haka fatana kina cikin rahama.

Na san ba kya jin Hausa. A shekara huɗun da muka yi tare, kalma uku kika koya: sannu, tuwo, bahaguwa. Da Larabcin kasuwa muka yi ta lallaɓawa, naki a karye, nawa kuma ya riƙa karyewa don ya yi wa naki kara. Yanzu da kika tafi inda ba a neman tafinta, ban ga abin da zai hana in yi miki magana da harshen da na fi jin kunya a cikinsa ba. Iyayen 'yan matan unguwarmu ta Utaibiyya a nan Makka ma za su karanta, kuma ina so su karanta.

Ga abin da ya sa na zauna rubutu. Mudira, shugabar kulob ɗin mata na Aziziyya, ta kira ni makon jiya. Tun tafiyarki, filin badminton na ranar Alhamis yana hannun wata mai koyar da motsa jiki, wadda iyakar saninta da wasan shi ne ta ɗaura raga ta koma kan wayarta. 'Yan mata tara suka rage. Mudira ta ce idan ba a sami mai horar da su ba kafin Lahadi, za a kankare layukan da kika shata, a jera kekunan nan da ake tuƙawa ba su zuwa ko'ina. Ta ce, "Ke kaɗai kika yi kwas ɗin koyarwa, ya Sa'ada. Na san Kabtin ce ta tilasta miki, amma takardar tana nan." Na ce mata zan yi tunani. Kin san ni da tunani. Shi ne a'a ɗina idan ya sa abaya.

Kina tuna ranar da na fara zuwa? Na dawo daga Kano da digiri a ilimin zamantakewa, wanda ya ba ni cancantar zama bayan tebur a wani ofishin alhazai ina buga sunayen mutane. Bayana ya riƙe, likita ta ce in motsa. A shekarun ne aka fara barin mata su yi gumi da lasisi. Na shiga kulob ɗin ina neman abin da ya fi sauƙi, na hango wata 'yar guntuwar mace mai furfura a ƙarƙashin ɗankwali tana ɗingishi a gefen raga, na ce ga wasan tsofaffi.

Kika miƙo mini raket, na karɓa da dama kamar 'yar mutunci. Kika jefo risha, ƙwallon nan na gashin tsuntsu, har sau goma. Sau goma na doki iska. Sai kika saki ɗaya a gaban ƙafata, kika yi kamar suɓuce miki ta yi. Na sunkuya na ɗauka. Kika dubi hannun da ya ɗauka, kika taɓa damata da bakin raket, kika ce, "Wannan baƙo ne. Mai gidan yana can."

Shekara ashirin da huɗu ina ɓoye shi, ke minti shida ya ishe ki.

Inna, mahaifiyata, ta yi shekara uku tana yaƙi da hannun nan. A gidanmu na Jarwal, wanda yanzu wurin ajiye motocin wani otel ne, ta sha ɗaure mini shi a baya da ɗankwali. Ba mugunta ba ce. Tsoro take ji kada maƙwabta su ce 'yan Takari ba su iya tarbiyya ba, mu da ake ƙirga mana kowane kuskure a madadin nahiya guda. Ci da dama kam na gode mata, har gobe da ita nake ci. Amma yaƙin ya haɗa da rubutu, da shara, da nuni, da ɗaukar allura. Na girma ina yin komai daidai, kuma komai a makare, kamar mai jiran izini.

Da na gaya mata cewa Siniyya ce ke koya mini wasa, sai ta dubi tiren shayin da ke gabanta, tunda a bakin mutanen Makka sunan tire da sunan macen Sin ɗaya ne. Ta ce, "To madalla. An je jami'a an dawo, ana ɗaukar darasi a wurin tire." Ba ta huce ba sai ranar da kika zo gidanmu, kika wanke hannu, kika yi bisimilla, kika yanki tuwo da dama ba tare da kowa ya gaya miki ba. Inna ta zungure ni ta ce, "Kin gani? Bahaguwa ce, amma ta san iyaka." Daga ranar, duk abin da aka dafa sai ta ce a ɗebar wa Siniyya a siniyya, kuma kullum sai ta yi dariya kamar yau ta ƙirƙiro zancen.

Ba ki taɓa ba ni tarihinki a zama ɗaya ba. A kan tururi na tsince shi guntu-guntu. Iskar garin nan da na'urar sanyaya ɗaki suna busar da gashin risha har ya riƙa karyewa kamar tsinke, don haka kafin kowane horo kikan ɗora butar shayi a ɗakin canza kaya, ki buɗe kwalin rishar ta baki biyu, ki kifa shi a kan tururi. Aikin minti kaɗan ne. A cikin mintocin nan ne kawai bakinki ke buɗewa.

Kin ce kina da shekara takwas wasu mutane suka zo makarantarku da tef ɗin awo. Suka auna hannuwa da ƙafafu, suka jefa wa kowa ƙwallo. Kika cafe da hagu. Mahaifinki, mai sayar da taliyar hannu a bakin masallacin unguwarku, ya raka ki tashar jirgin ƙasa da ƙunshin gurasa, tafiyar kwana biyu. A makarantar wasanni ke kaɗai ce Musulma a ɗakin cin abinci, kika yi shekaru a kan shinkafa da ƙwai da kabeji. Kin ce har kika girma, idan kika ji warin dafaffen ƙwai sai gwiwoyinki su lanƙwashe da kansu, suna jiran usur.

A sha shida kin cinye lardinku kaf. Aka kira ki babban sansani a babban birni. Can kika tarar kowane lardi ya aiko da yarinyar da ba a taɓa cinyewa ba.

Ba a mayar da ke gida ba, kuma ba a sa ki a gaba ba. An riƙe ki saboda hannun hagu. Duk lokacin da gwanayen ƙasarku za su kara da wata bahaguwa daga waje, sai a ba ki kaset ɗin wasanninta a ce ki zama ita. Ki koyi takunta, da yadda take fara bugu, da ɓangaren da take gudu idan ta gaji, har da yadda take share gumi. Kin zama 'yar Indonesiya, kin zama 'yar Koriya, kin zama wata doguwar Baturiya, duk da kanki iyakarsa kafaɗarta. Shekara tara. Kin ce mini, kina juya kwalin a kan tururi, "Na buga wasan ƙarshe sau da yawa. Ranar Talata, ba kowa a kujeru." Ranar wasan gaske kuma kina ɗakin kwana gaban talabijin, kina kallon abokiyarki tana cinye matar da kika yi wata guda kina zama ita. Idan sun dawo da lambar zinare sukan kawo miki cakulan daga filin jirgi.

Ko gwiwar ma ba a wasanki ta tsinke ba. Kina kwaikwayon tsallen wata ne, wadda ta fi ki tsawon ƙafa.

Daga nan kika koma lardinku kina horar da yara, shekara goma sha biyu, kina zuwa makarantu da naki tef ɗin awon. Kika yi aure a makare da Ustaz, mai tafinta wa alhazan ƙasarku, ya kawo ki wani ɗan gida a Aziziyya. Kika yi shekaru kina murza taliya kina kallon motocin Mina ta taga, raket ɗinki a saman kabad. Da aka buɗe kulob, Mudira ta ce kin shigo ba sallama mai tsawo, kika auna ɗakin da takunki, kika ce, "Ya isa fili ɗaya. Rufin ya yi ƙasa, amma su ma 'yan matan ba su yi sama ba tukuna."

Wata guda kika hana ni taɓa risha. Daga tsakiya zuwa kusurwa, daga kusurwa zuwa tsakiya, ina dukan abin da babu. Na ce miki a jami'a muna da suna ga mutanen da ke faɗa da abin da ba a gani. Kika ce, "Marra tanya." A sake. Ina jin rabin Larabcinki ke nan, kuma ya ishe ki rayuwa. Kin kuma gaya mini cewa risha mai kyau daga fiffiken hagu na agwagwa ake yin ta. Na je na bincika, don ba na iya barin magana mai daɗi ta zauna lafiya, na dawo na ce miki wasu sun ce ko wane fiffike ne ya yi, in dai gashin duka na ɓangare ɗaya ne. Kika ce, "Wanda ya rubuta haka na-dama ne."

A filin nan na fara sanin yadda abu yake idan ya fito daga jikina bai tsaya neman izini ba. Ban taɓa gaya miki ba. Na ɗauka ba'a ta isa godiya.

Sai maganar Jidda. Aka kira gwaji don zaɓen 'yan wasan da za a tara a sansani. A lokacin duk wadda ta iya mayar da risha sau ashirin gwana ce, ni kuwa shekara huɗu ina hannunki. Na cinye duk wadda aka sa a gabana. Sannan aka zo kan takardu. A Jarwal aka haife ni, a nan aka binne kakata, amma abin da ke jakata iƙama ce, izinin zaman baƙo, mai ranar ƙarewa a jikinta. Ba a yi mini wulaƙanci ba, an ma ba ni ruwan sanyi. Bayan mako biyu suka aiko cewa suna so in zo sansanin a matsayin abokiyar atisaye, saboda ba su da bahaguwa.

Ke kika kawo mini takardar a ɗakin canza kaya, kin riƙe ta da hannu biyu yadda kuke miƙa abu mai daraja. Buta tana kan wuta. Kika ce, "Ki je. Za ki koyi abu da yawa. Ni na koya."

Zan rubuta abin da na ce, don masu karantawa su san wadda za su ba 'ya'yansu. Na zaɓi Larabci mai sauƙi, na faɗa a hankali, don kada kalma ɗaya ta wuce ki. Na ce, "Kabtin, ban yi karatu don in zama bangon da wasu ke koyon bugu a jikinsa ba. Ke kin yi, ga inda ya kawo ki. Kina dafa gashin agwagwa a Aziziyya."

Kika dube ni, kika ce, "Sah." Gaskiya ne. Kika kashe butar.

Da kin zage ni da na dawo washegari. Wannan kalmar guda ce ta hana ni hanyar kulob shekara uku.

Da Ustaz ya rasu, Inna ce ta je gaisuwa da tiren abinci a kanta, da ciwon ƙafarta. Ni lokacin aikin Hajji ne, ofis ya cika, kuma ofis bai taɓa yi mini amfani irin na wannan makon ba. Iƙamarki a ƙarƙashin tasa take. Shi ya sami kabari a Makka, ke kika sami tikiti. Kin turo mini ranar tafiya da lokacin jirgi, ba ƙarin ko kalma. Na mayar miki da hoton furen nan mai ɗauke da addu'ar matafiyi, wanda ake tura wa kowa, har mai gyaran famfo idan zai je gida hutu. Wannan ne abu na ƙarshe da kika samu daga gare ni. Na duba, kin buɗe shi.

Jiya Alhamis na je kulob don in faɗa wa Mudira a'a baki da baki, tunda ta cancanci wannan. Kafin in zauna ta buɗe kabad ta ɗauko wata jakar yadi mai ruwan toka. Ta ce, "Shekara biyu tana nan. Kabtin ta ce kada a aika miki, sai kin zo da ƙafarki. Ni kuma na gaji da ganinta."

Raket ne. Ba takarda, na zazzage jakar har sau biyu.

Ke kika koya mini cewa tef ɗin da ake naɗe mariƙin raket da shi yana da hanya. Na masu dama yana zagayawa ta gefe ɗaya, namu ta ɗaya gefen, in ba haka ba bakinsa ya riƙa cin tafin hannu har ya warware. Wannan naɗin hagu ne. Na ce wa kaina ai ke ma bahaguwa ce, tsohon raket ɗinki ne kika rasa wurin sa shi a akwati. Ina da digiri a irin wannan bayanin. Sai na riƙe shi. Mariƙinki siriri ne, kullum falle ɗaya kike naɗawa, don hannunki kamar na yarinya yake. Wannan falle biyu ne, mai kauri, daidai dogayen yatsun nan nawa da kike cewa da su da sandunan cin abinci na garinku uwarsu ɗaya.

Wato bayan abin da na faɗa miki, bayan kin binne mijinki ban zo ba, kina tsakiyar ɗaure kaya, kin zauna kin auna hannuna da ka, kin naɗa.

Tef ɗin ya bushe, ya bar mini baƙi a tafin hannu. Ban wanke ba sai da alwalar La'asar ta tilasta ni.

Ba zan yi miki ƙarya ba tunda kin tafi. Har yau ban tabbata na yi kuskure da na ƙi zuwa Jidda ba. Wataƙila da na je, da na dawo da ɗacin da ya fi wannan. Kuskurena daban ne. An ji mini ciwo a wani wuri, na waiga na nemi wanda ba zai rama ba, na same ki tsaye kusa da buta. Shekara tara kina tsayawa a madadin wasu mata don a koyi cinye su. Ban san ni ma layin na shiga ba.

Na leƙa filin kafin in fita. Layukanki sun koɗe a kusurwar baya ta hagu, inda na fi taka su. 'Yan matan tara suna buga risha ta roba, suna ihu da Larabci, Hausa ba ta fitowa sai an zo zagi. Akwai wata doguwa a cikinsu, ba za ta wuce sha ɗaya ba, tana dukan iska da dama, fuskarta irin ta wadda ta saba a ce mata ba ta da saiti. Na wuce ta gabanta na saki risha ɗaya, kamar suɓuce mini ta yi. Ban iya ba kamar ke, duk ɗakin ya gane da gangan ne. Amma ta sunkuya ta ɗauka, da hagu.

Ban ce mata komai ba tukuna. Zan fara ganin uwarta, wadda na tabbata tana cikin masu karanta wannan wasiƙa kuma ta gane 'yarta. Zan je da Inna, ita za ta yi bayanin iyaka, tunda yanzu ta zama malama a fannin.

Na koma ofishin Mudira. Ta turo takardar karɓar aikin, na ɗauki biro. Ban taɓa rubutu da hagu ba tun ranar ɗankwali, sai sunana ya fito a karkace, haruffa suna hawa kan juna kamar alhazai a ƙofar mota. Mudira ta ɗaga takardar ta ce, "Ya Sa'ada, wannan bai yi kama da sa hannunki na kullum ba." Na ce mata wancan na baƙo ne.

Ba ni da gwanintarki, Kabtin. Ba ni da haƙurinki, kuma bakina kin san shi. Abin da nake da shi takunki ne, daga tsakiya zuwa kusurwa, da yadda kike karkata kai idan an yi kuskure, da kalmomi biyu na Larabci. Zan kwaikwaye ki yadda kika kwaikwayi matan cikin kaset, har in iya. Inna ta ba ni tsohuwar butarta, ta ce kada in dawo mata da ita tana warin agwagwa. Ta kuma ce in gaya miki ta yi miki ɗawafi ranar Juma'ar da labari ya zo, a keken guragu, tana yi wa mai turawa faɗa.

Allah ya jiƙan ki, ya jiƙan Ustaz, ya haɗa ku duk da nisan kaburburanku. Allah ya yalwata miki makwanci, ya ɗaga rufinsa sama yadda kike so. Ya mayar miki da gwiwarki sabuwa. Ya sa kowace Talatar da kika buga ba kowa a kujeru ta kasance an rubuta ta. Ya yafe mini abin da ban nemi yafiyarsa ba lokacin da kike iya amsawa.

Kuma ranar da za a raba wa kowa littafinsa, Allah ya ba ki naki a hannun dama. Na san halinki, hagu ne zai riga miƙewa. Wannan karon kaɗai, Kabtin, ki bar baƙon ya karɓa.

Taki bahaguwa,
Sa'adatu
Utaibiyya, Makka